Ga Goyo, Ga Neman Abinci: Wasiƙun Iyaye Mata Baƙi a Arewacin Kamaru

Wasiƙun da suka zo wannan fili a watan nan sun taru a kan magana ɗaya, wato halin matan da suka tsallako iyaka suka zauna a garuruwanmu da 'ya'ya a hannu, ba miji ba dangi, kuma dole su fita neman abin da za a ci. Na zaɓi huɗu daga ciki, na cire sunaye kamar yadda muka saba, na kuma taƙaita wasu saboda fili.

Wasiƙa daga Marwa

Assalamu alaikum Gwaggo. Ni mutuniyar Gwoza ce ta jihar Borno. Mun tsallako Kamaru a shekarar 2014 lokacin da aka ci garinmu, na zauna a sansanin Minawawo, a can na yi aure, daga baya maigidana ya dawo da mu Marwa yana sana'ar babur. Allah ya yi masa rasuwa ina da ciki. Yanzu ina da yara uku: babbar mace ce 'yar shekara tara, na tsakiya namiji ɗan shekara uku, sai jaririya mai wata bakwai. Ina aikatau a wani gida daga ƙarfe bakwai na safe zuwa bayan la'asar, kwana shida a mako, ana ba ni sefa dubu 25 a wata, dubu 8 na tafiya kuɗin ɗaki. Uwar ɗakina ta yarda in zo da ta goye, amma ta ce kada in kawo namijin domin yana da ƙiriniya. Wasu ranakun babbar take fashin makaranta ta zauna da shi, ranar da ta tafi kuwa sai in ajiye masa kunu in kulle shi a ɗaki. Wata maƙwabciya ta ce in riƙa ba shi maganin mura mai sa barci kafin in fita. Gwaggo, in bar aikin ne mu zauna da yunwa, ko in cire yarinyar daga makaranta gaba ɗaya? Wallahi wani lokacin ji nake ni muguwar uwa ce.

Amsa

Wa alaikumus salam 'yata. Allah ya jiƙan maigidanki, ya raya abin da ya bari. Zan fara da maganarki ta ƙarshe domin ita ta fi tsaya mini a rai. Muguwar uwa ba ta kwana tana lissafin yadda za ta raba kanta gida biyu. Ki tuna da Nana Hajara, baƙuwa daga Masar, wadda aka bari da jariri a kwarin da ba shuka ba ruwa. Ta ajiye Annabi Isma'il a ƙasa ta yi ta kai da komo tsakanin Safa da Marwa har sau bakwai tana neman abin da zai sha, kuma wannan gudun nata ne Allah ya mayar ibadar da kowane alhaji yake yi har gobe. Sammakon da kike yi kullum daga irin wannan gudun yake.

Nauyin da kike ɗauke da shi tun asali ba na mutum ɗaya ba ne. A gidan da kika tashi, ɗan shekara uku ba ya rasa idon da ke kansa: in uwa ta tafi gona akwai kaka a tsakar gida, akwai facala, akwai ƙanwar miji, ga maƙwabciyar da ta san shi tun ranar suna. Idan ana maganar abin da gudun hijira ya cinye, gida da gona da dabbobi ake lissafawa, ba kasafai ake tuna waɗannan hannayen ba, alhali rashinsu ne ya ɗaure ki yau. Don haka ba zan zaɓa miki tsakanin aikin da karatun yarinyar ba. Abin da za mu nema shi ne inda za a samo wasu hannayen.

Kafin nan, ina roƙonki ki bar kulle yaron tun daga gobe. A watannin Maris da Afrilu zafin Marwa yakan haura digiri 40 a inuwa, ɗakin kwano da aka rufe ƙofarsa kuwa ya fi waje zafi nesa ba kusa ba, kuma jikin ƙaramin yaro yana rasa ruwa da sauri fiye da na babba. Ko da sanyi ne, a ɗakin akwai ashana, akwai kwalbar kalanzir da zai iya ɗauka ruwa ce, akwai bokitin da in ya kifa ciki da ka ruwan da bai kai kamu ɗaya ba ya isa ya halaka shi. In kuma gobara ta tashi a ɗakin maƙwabta, mabuɗin yana ƙugunki a wata unguwa. Shawarar magani ta fi wannan muni. Magungunan mura da na ƙaiƙayi da ake saya a tebur suna kawo barci ne ta hanyar danne ƙwaƙwalwa, a jikin yaro kuma suna iya danne numfashi, sannan yaron da magani ya kwantar ba ya tashi ya sha ruwa, ba ya kuma yin kukan da zai sa wani ya ji shi. Na san maƙwabciyar taki taimako take nufi, amma kada ki karɓa, kuma in kin san tana yi wa nata, ki gaya mata abin da na gaya miki.

Batun babbar kuma, na san cire ta shi ne ya fi kama da sauƙi, tunda ba a biyanta ko sisi. Sai dai yarinyar da ta bar aji tana shekara tara da wuya ta koma. Daga reno sai talla, daga talla sai a ce ta isa aure, kuma bayan shekara goma sai ki same ta a tsaye inda kike tsaye yau. Tun shekarar 2000 aka soke kuɗin makaranta a firamaren gwamnati a ƙasar nan, abin da ya rage shi ne kuɗin ƙungiyar iyaye da littattafai, waɗanda na san su ma nauyi ne, amma ana iya zuwa wurin shugaban makaranta a nemi sassauci ga marainiya, kuma sau da yawa ana samu. Ban da haka, 'yar shekara tara ba ta san zazzaɓin da ake gudu asibiti da shi ba, in kuma wani abu ya sami ƙanenta a hannunta, ita za ta rayu da wannan tabon. Ta taya ki bayan an tashi daga makaranta da ranar Asabar, wannan tarbiyya ce da kowannenmu ya sha. In kin duba da kyau za ki ga ramin da ke gabanki bai kai faɗin da kike gani ba: daga safe ne zuwa azahar, kwana biyar a mako, ga yaro ɗaya.

Ga abin da na gani da idona a wani gidan haya a unguwar Domayo da ke Marwa. Mata biyar ne, duka baƙi, duka masu fita aiki: biyu aikatau, ɗaya wankau, ɗaya tana ɓarar gyaɗa a kasuwa, ɗaya tana tuyar ƙosai a bakin tasha. Sun sami wata dattijuwa, ita ma 'yar gudun hijira ce da ƙafa ta hana ta aikin ƙarfi, suka yi da ita cewa kowace uwa za ta ba ta sefa 100 a rana da ɗan garin kunun ɗanta. Na same ta a gindin dogonyaro a kan tabarma, yara shida na kewaye da ita. Kowane kwano an ɗaura masa ƙyalle mai launi daban a kunne don kada a haɗa, an rufe bakin rijiya da kwano an danne da dutse, murhu yana can bayan ɗaki inda yaro ba ya zuwa, a jikin bango kuma an rubuta lambobin wayar iyayen da gawayi, manya-manya, yadda duk wanda aka kira daga waje zai iya karantawa. Su da kansu suke kiran abin adashen reno. Ki yi lissafi: sefa 100 sau kwana 26 ya kama dubu 2 da 600 a wata daga aljihunki, ita kuma dattijuwar tana tashi da dubu 13 daga mata biyar, ga abincin rana a cikin yaran. Ba kuɗin da za a raina ba ne ga mai karɓar dubu 25, amma ki auna shi da karatun 'yarki.

In babu dattijuwa, akwai ɗaya hanyar, wato ku iyayen ku riƙa karɓa-karɓa, kowace ta zauna rana ɗaya da yaran duka. Wannan ya fi dacewa da masu aikin yini, irin su wankau da dashen muskuwari (dawar rani) da ɗaurin albasa, waɗanda ranarsu a hannunsu take. Mai albashin wata irinki sai ta biya nata kason da kuɗi ko da zaman ranar hutunta. Ko wace hanya kuka bi, ku yi magana a fili tun farko a kan abubuwan da suke raba mata: kada yaran su wuce biyar ko shida a hannun mace ɗaya, wa zai kai yaro asibiti in jikinsa ya yi zafi, ba duka, ba aiken yaro bakin titi, kuma kuɗin dattijuwa ba ya kwana. Kada ki jira ki sami mutanen garinku kawai. Bafulatana ko Bamusguwa ko 'yar Cadi da ke ɗaki kusa da naki, in matsalarku ɗaya, ta fi 'yar garinku da ke wata unguwa amfani gare ki. Wurin da ya fi sauƙin fara maganar shi ne makarantar Islamiyya ta matan aure, ko layin awo a asibiti, inda masu goyo suke zama su jira.

Sai uwar ɗakinki. Dokar ƙwadago ta Kamaru ta 1992 ta ba ma'aikaciya hutun haihuwa na mako 14, ta kuma ba mai shayarwa damar hutun da ya kai awa ɗaya a kowace ranar aiki har jariri ya yi wata 15. Dokar 'yan gudun hijira ta 2005 kuma ta ba wanda aka amince da shi a matsayin ɗan gudun hijira damar yin aiki da sa 'ya'yansa a makaranta kamar ɗan ƙasa, saboda haka ki kula da katinki, in ya mutu ki je ofishin hukumar 'yan gudun hijira ta Majalisar Ɗinkin Duniya da ke nan Marwa ki ji yadda ake sabunta shi. Ba zan ɓoye miki ba, waɗannan dokoki ba su cika shiga cikin gidaje inda ake aikatau ba takarda ba, kuma ban ce ki je ki karanta wa matar doka ba. Amfanin saninsu shi ne ki yi magana kin san ba bara kike yi ba. Ki zaɓi ranar da ranta ke sanyi, ki ce mata, "Hajiya, ina son in daɗe a gidan nan, ga abin da zai taimake ni in daɗe." Ki nemi a mayar da aikin na ƙa'ida maimakon na awa, wato shara da wanke-wanke da wanki da girkin rana, in kin gama ki tafi ko da azahar ce. Mata da yawa sun fi son wadda ta saba da gidansu a kan sabuwar da za su fara koya wa komai.

Sana'ar cikin gida, irin su ƙuli-ƙuli da man gyaɗa ko wanki da guga, ita ce za ta fi hutar da ke nan gaba, kuma cibiyoyin horar da mata na ma'aikatar kula da mata da iyali suna koyar da ɗinki da makamantansu. Amma kada ki saki aikin da ke hannu sai ɗayan ya tsaya da ƙafarsa, domin mai ɗakin haya ba ya jiran ciniki ya kankama. Ta goyen kuma ta wuce wata shida, nono kaɗai ba ya isarta, ki riƙa tafiya da kununta mai gyaɗa. Maganin zazzaɓin sauro kyauta ne ga 'yan ƙasa da shekara biyar a asibitocin gwamnati, da damina kuma masu rabon maganin rigakafinsa suna bi gida-gida wata-wata, don haka ki gaya wa mai renon ranar da za su zo kada naki ya wuce.

Wasiƙa daga Garwa

Gwaggo, barka da aiki. Ni 'yar Damagaram ce, aure ya kawo ni Garwa. Shekara guda ke nan da mijina ya sake ni ya koma Duwala da kasuwancinsa, tun daga nan ko sabulu bai aiko ba. Ina taya wata mai abinci aiki a tasha daga asuba zuwa dare, yarana biyu suna tare da ni a rumfar, ɗaya shekara biyar, ɗaya wata goma sha takwas. Kwanan baya ƙaramin ya kusa jawo tukunyar miya a kansa. Mahaifiyata ta ce in aika mata su duka in tsaya in nemi kuɗi. Zuciyata ta ƙi, amma ina tsoron abin da zai same su a nan. Laifi ne in na aika su?

Amsa

Ƙanwata, ba laifi ba ne. Riƙon kaka tsohon abu ne a wurinmu, kuma a mazhabar Malikiyya da muke bi, in uwa ta kasa riƙo, kakar wajen uwa ce ta farko a layi. Sai dai ina ganin an tsallake wani mataki kafin a zo nan. Saki yana raba miji da mata, ba ya sauke wa uba ci da sha da tufafi da maganin 'ya'yansa. Aya ta 233 a Suratul Baƙara ta ɗora wannan a wuyan uba, aya ta 6 a Suratuɗ Ɗalaƙ ma ta ce in matar da aka saka tana shayar da ɗan, a ba ta ladan shayarwar. Da yana aiko da abin da ya wajaba a kansa, da ba ki tsaya a bakin wuta daga asuba zuwa dare ba. Na lura mata baƙi sukan yi shiru a kan wannan haƙƙi don suna ganin ba su da mai tsaya musu a garin, ko suna tsoron in sun yi magana a ƙwace yaran. Riƙo naki ne matuƙar ba ki yi wani auren ba, neman ciyarwa kuma ba ya zubar da shi.

Ki fara da waɗanda suka shaida aurenku, da limamin unguwa, da Sarkin Hausawa. Ɗan kasuwa a Duwala yana da mai masauki da abokan ciniki da suke hawa da sauka tsakanin can da Garwa, kuma maganar da ta fito daga bakin manya takan iske shi cikin kwana biyu. A yanka masa abin da zai riƙa turowa duk wata ta Orange Money ko MTN, yadda saƙon wayar zai zama shaida. In ya ƙi, ofishin jin daɗin jama'a na gwamnati yana kiran uba a zauna a sasanta, daga nan kuma akwai kotu, kuma kasancewarki 'yar Nijar ba ya hana a saurare ki a kan haƙƙin yaran.

In duk an yi wannan kuma aikawar ce ta rage, ra'ayina shi ne kada ki aika ƙaramin. Bai cika shekara biyu ba, yana kan nono, kuma yaye na gaggawa haɗe da doguwar tafiya da canjin ruwa shi ne yake jefa yara cikin gudawa da tamowa. Babban ma ki yi wa kanki tambayoyi tukuna. Mahaifiyarki tana da ƙarfi da abincin riƙe shi, ko wata za ta miƙa wa? Makaranta za a sa shi, ko almajiranci za a tura shi wani gari? Ki tuna tsakaninki da Damagaram iyaka biyu ce, sai an ratsa Najeriya, ba tafiyar da za ki yi duk wata ba ce. Kuɗin da za ki riƙa aikawa ma, ko da yake sefar nan da ta can darajarsu ɗaya, takardunsu daban ne, kuma masu canji da masu turawa suna cire nasu. In ya tafi, ya tafi da takardar haihuwarsa da katin rigakafinsa, da sanin ubansa a gaban shaidu don kada gobe a ce kin sace shi, ku kuma sa lokacin dawowa. Kafin nan, tun gobe, ki roƙi mai abincin a kafa ɗan shinge da buhu ko katako a bayan rumfa, nesa da murhu, ki kuma karanta abin da na gaya wa 'yar'uwarki ta Marwa, domin a tasha ba ke kaɗai ce mai goyo ba.

Wasiƙa daga Ngaundare

Salamu alaikum. Ni ma'aikaciyar gwamnati ce, ina da mai taya ni aiki 'yar Afirka ta Tsakiya, mijinta ya rasu a rikicin ƙasarsu. Tana da amana ƙwarai, amma tana zuwa da ɗanta ɗan shekara biyu, aikin awa uku sai ya kai ta biyar, ga ɓarna. Ƙawayena sun ce in sallame ta in ɗauko yarinya daga ƙauye wadda ba ta da nauyin kowa. Ban so in zalunce ta, amma ni ma kuɗina nake biya. Mene ne shawararki?

Amsa

Hajiya, na gode da kika tambaya kafin ki yanke, domin da yawa ba sa tambaya. Ki dubi abin ta wannan fuska: ke kina iya fita ofis da kwanciyar hankali ne saboda akwai wata mace a gidanki, ita kuwa ba ta da wata macen a nata. Yarinyar ƙauyen da ake ba ki shawara, in kin bincika, 'yar shekara goma sha ɗaya ce ko sha biyu da aka cire daga makaranta, dokar ƙasar nan kuwa ta hana ɗaukar wanda bai kai shekara 14 ba aiki. In kin yi haka kin kori uwa kin kuma tauye 'yar wani. Amanar da kika ambata da bakinki ita ce abin da ya fi wuyar samu, kin kuwa fi ni sanin abin da ake sha kafin a dace da wadda za a bar wa mabuɗin ɗaki.

Damuwarki gaskiya ce, kuma tana da magani. Ku yi yarjejeniya a kan ayyukan da za a gama, ki daina duba agogo. Ki ware wa yaron wuri guda mai inuwa da tabarma, a ɗauke abin fashewa daga inda hannunsa ke kaiwa, ya ci daga tukunyar gidan. In kuma zuwan nasa ne ba kya so sam, to ki ƙara mata abin da za ta biya mai reno a unguwarsu, dubu biyu ko uku a wata. Kafin ki ce ya yi yawa, ki tuna tun 2023 mafi ƙarancin albashi a ƙasar nan ga ma'aikatan da ba na gwamnati ko na gona ba sefa dubu 60 ne, ki gwada shi da abin da kike ba ta tsakaninki da Allah. Manzon Allah, tsira da aminci su tabbata a gare shi, ya yi umarni game da masu yi mana hidima cewa a ciyar da su daga abin da ake ci, kada a ɗora musu abin da ya fi ƙarfinsu, in an ɗora kuma a taya su. Ranar rigakafi da ranar da yaron ya kwana da zazzaɓi, ki bar ta ta je asibiti ba tare da kin yanke mata kuɗin ranar ba.

Wasiƙa daga Kusuri

Gwaggo, ni daga Cadi na zo, ina wankau a gidaje. Ɗana ya kai shekara huɗu, na so in sa shi makarantar rainon yara ta gwamnati don in sami safiyata, sai aka ce in kawo takardar haihuwa. A gida na haife shi a nan Kusuri, ubansa kuma ya tafi tun ina da ciki. Ana ba baƙuwa takardar, kuma ba uba?

Amsa

Ana bayarwa, 'yata. Duk yaron da aka haifa a ƙasar Kamaru ana yi masa rajista ko iyayensa baƙi ne, kuma uwa tana iya yi da sunanta ita kaɗai in uban ba ya nan. Wa'adin da aka ɗiba shi ne kwana 90 daga haihuwa, a ofishin magajin gari. Tunda naki ya kai shekara huɗu, sai an bi ta kotu ta ba da hukuncin da zai maye gurbin rajistar. Za a nemi takardar asibiti da ke ƙiyasta shekarunsa, da shaidar ofishin magajin gari cewa ba a taɓa yi masa rajista ba, da mutanen da suka san haihuwar, don haka ki nemi ungozomar da ta karɓe shi da mai unguwarku tun yanzu. Akwai kuɗi a ciki, amma lokaci-lokaci kotu takan fito zaman musamman tare da ƙananan hukumomi da ƙungiyoyin agaji a yi wa yara da yawa a sauƙaƙe, ki tambayi ofishin jin daɗin jama'a yaushe ne na gaba. Kafin ta fito, ki koma wurin shugabar makarantar da shaidar cewa kin fara bin takardar, ki roƙa a karɓe shi. Ko ba don wannan makarantar ba sai kin yi ta, domin ba zai zauna jarrabawar kammala firamare ba sai da ita.